Taswirar 'yan kira: littafin aikina na mayar da ƙara haske

4 ga Fabrairu

To bismillah. Na daɗe ina cewa zan riƙa rubuta abin da na yi kullum saboda mantuwa ta min yawa, jiya ma sai da na ɓata kusan awa guda ina neman wani lissafi da na riga na yi a bayan takarda. Ga wanda bai san zancen ba, akwai wata duniya da nake ginawa a kaina kusan shekara biyu kenan, ina ce mata Ƙarƙashi, gaba ɗayanta a cikin kogo take, ba rana ba wata ba tauraro. Abin da ke ba mutanenta haske wata gansakuka ce da ke manne a jikin dutse, kuma ba ta haskawa sai ƙara ta taɓa ta. Ka yi shiru duhu ya rufe ka, ka yi magana bango ya amsa maka da haske. Masu zana taswira a can sunansu 'yan kira, sana'arsu su kutsa inda ba a sani ba su ƙwala kira, amsa-kuwwar ta dawo ta faɗa kan wani allo da aka shafe da gansakukar, alamar da ta fito ita suke kwafewa.

A baki abin da daɗi. Amma duk sanda na zauna zana alamomin sai in kama kaina ina ƙarya, in yi da'ira in yi ƙugiya don kawai sun min kyau a ido, ba wani dalili da zai sa rami ya ba da wannan siffar bango ya ba da waccan. Shi ya sa na yanke shawarar in haɗa na'urar da gaske a ɗakina, ko da ta wasa ce, duk abin da ta fitar shi zai zama rubutun 'yan kira, ko ya min kyau ko bai min ba.

7 ga Fabrairu

Gwajin farko, mafi arha. Na cire gindin gwangwani, na ɗaure balan-balan a baki ɗaya ya yi tauri kamar fatar ganga, na manna ɗan ɓallin madubi a gefen tsakiya, na haska masa leza. In ka yi magana ta ɗaya bakin sai ɗigon hasken ya fara rawa a bango yana zana zobe-zobe. Wani Bafaranshe Jules Lissajous ya yi irin wannan tun a shekarun 1850, shi da ƙarafan nan masu yatsu biyu da ake daidaita sautin kayan kiɗa da su ya yi, ya manna musu madubi. Kai abin ya burge ni, na kai rabin awa ina "aaa" "ooo" a cikin gwangwani kamar wanda ya zare.

Sai dai ba ya maimaituwa. Na yi "aaa" sau goma na samu siffa goma, balan-balan ɗin yana saki kaɗan komai ya canza. Rubutun da ba zai fito iri ɗaya gobe ba ai ba rubutu ba ne.

9 ga Fabrairu

Ban taɓa komai ba. Karatu kawai.

12 ga Fabrairu

Yau farantin Chladni. Ernst Chladni Bajamushe ne, a 1787 ya wallafa zanukan da ya samu ta hanyar barbaɗa rairayi a kan farantin ƙarfe yana goga gefensa da baka irin na goge, rairayin ya gudu daga inda ƙarfen ke kaɗawa ya taru a layukan da ba sa motsi. Ni na ɗaure wani siririn farantin ƙarfe mai kusurwa huɗu a kan tsohuwar lasifika da kusa ɗaya a tsakiya, ina tura mata sauti daga waya. Wannan kam yana maimaituwa, in na koma kan sauti ɗaya siffa ɗaya nake samu, kuma sauti na ƙara siranta layukan na ƙara yawa suna curewa. Har na fara murna na ce shikenan ga haruffana.

Da daddare ina kwance abin ya faɗo min. Siffar nan labarin farantin take ba ni, kaurinsa da faɗinsa da inda na ɗaure shi, ba ruwanta da ɗakin da nake ciki. In na kai shi bakin rijiya ko cikin akwati abu ɗaya zai zana. Ɗan kira kuma ba allonsa yake son sani ba, hanya yake nema. Na ajiye shi. Abu ɗaya na tsira da shi: a Ƙarƙashi kowane gari da siffar allonsa, saboda haka hatimin gari irin zanen Chladni ne, kuma ba ka iya satar hatimin wasu sai ka saci allonsu. Wannan ya shiga labari.

Rairayi ya shige cikin lasifikar, yanzu in ta yi ƙara sai ka ji kamar ana tankaɗe.

16 ga Fabrairu

Kwana uku ina fama da maganar launi. Tunanina na farko shi ne na kowa, sauti mai kauri ja, siririn sauti shuɗi, sauran a jera su a tsakani. Ko Newton a 1704 ya raba bakan gizo kashi bakwai yana kwatanta su da matakan sautin kiɗa, to ni wa? Amma da na zauna da lissafi sai na ga abin bai hau ba. Kunnen mutum yana ji daga kaɗawa 20 a daƙiƙa har zuwa wajen 20,000, wato in kana ninkawa sai ka ninka kusan sau goma kafin ka kai ƙarshe. Ido kuwa daga ja mai tsawon zango kusan nanomita 700 (nanomita ɗaya bisa biliyan na mita ce) zuwa shuɗi mai duhun nan na wajen 400 yake gani, ko ninki ɗaya cikakke bai kai ba. Kana so ka zuba tulu goma a kofi ɗaya kenan. In ka matse su, sautuka biyu da kunne ke bambantawa sarai sai su fito kore da kore.

Kuma ma wa ya ce matafiyi yana son sanin kaurin sautin? Shi ne ya yi kiran, ya san abin da ya tura. Abin da bai sani ba shi ne abin da kogon ya yi wa kiran kafin ya dawo masa da shi, ya jima ko bai jima ba, ya dawo cikakke ko an cinye wani ɓangare. To launi zai tsaya ne a kan abin da aka cinye. Ban san yadda zan auna ba tukuna amma nan na dosa.

21 ga Fabrairu

Kaya sun iso: allon ESP32 (wata ƴar ƙaramar kwamfuta mai sarrafa na'urori), ƙaramin makirfo, da zaren fitilun LED irin WS2812B mai ƙwaya 60. Da waɗannan da ƴan wayoyi rabin abin da na ware wa aikin ya tafi.

Na yi wauta kuma zan rubuta ta don kar in sake. Na jona zaren kai tsaye a jikin allon, allon kuma a jikin kwamfuta ta USB, na ce duk su kama fari fat don in ga ko suna aiki. Suka yi wal, allon ya mutu ya tashi, ya sake mutuwa ya tashi, na ƙarshen zaren ma ba fari suka yi ba wani rawaya-rawaya ne kamar mara lafiya. Ashe kowace ƙwaya in ta kama fari da ƙarfinta tana iya jan wutar miliamfiya 60, sau 60 ya zama amfiya 3.6, ita kuwa tsohuwar kafar USB rabin amfiya aka tsara ta bayar. Wannan lissafin na minti ɗaya ne da na yi shi tun farko. Ina cikin cire-cire da hannu na rawa na juya wayar wuta da ta ƙasa, sai wari. Ƙwayar farko ta ƙone, kuma da yake saƙon daga ƙwaya zuwa ƙwaya yake bi, ta farko na mutuwa duk sauran suka yi tsit. Na yanke ta da almakashi na sake solda a ta biyu. Saura 59.

22 ga Fabrairu

Na ba zaren wutarsa daban, volt 5, na haɗa wayar ƙasansu wuri ɗaya. Lafiya lau.

23 ga Fabrairu

Makirfo na ɗaukar wani gurnani ko ɗakin shiru, na duba hoton sautin a manhajar sauti ta Audacity na ga layi miƙe a kan kaɗawa 50, na wutar gida ne. Na tace duk abin da ke ƙasa da 100. Wani tsiwa kuma na shigowa duk sanda fitilun suka canza, na nisanta wayoyinsu da na makirfo ya ragu.

27 ga Fabrairu

Ranar ciwon kai. Niyyata in tafa hannu, makirfo ya ɗauki tafin da amsarsa, kwamfuta ta warware sautin kashi-kashi da lissafin nan na Fourier ta gaya min nisa da kuma abin da ya ɓace. Sauti a iska mai ɗumin digiri 20 yana cin mita 343 a daƙiƙa, bangon ɗakina mita 3 ne daga inda nake, zuwa da dawowa mita 6, wato amsar na dawowa cikin kusan milisakan 17. Ni kuma ina ɗaukar samfurin sautin sau 44,100 a daƙiƙa ina yanka su gungu-gungu na 4096 don in samu bambancin sauti mai kyau, wajen kaɗawa 11 tsakanin layi da layi. Amma gungu ɗaya na 4096 milisakan 93 ne, kafin ya cika sautin ya yi tafiyar mita 32, ya bugi bango ya dawo ya sake bugawa sau biyar, duk sun cakuɗe a tukunya ɗaya. Na rage gungun zuwa 256, lokaci ya fito sarai, sai kuma bambancin sautin ya zama 172, ya dagule. Ka ja bargon ka rufe kai ƙafa ta fito.

Na ɗauka kuskuren manhajata ne na kwana ina bincike, ashe haka abin yake, ba ka samun lokaci daidai da sauti daidai a yanka ɗaya. Shi ma tafin kansa matsala ne, ba na yin biyu iri ɗaya.

3 ga Maris

Jemage ya cece ni. Da yawa daga cikinsu ba ƙara ɗaya tak suke fitarwa ba, wani gajeren kuka ne mai zamewa daga sama zuwa ƙasa. Donald Griffin ne ya raɗa wa wannan gani da kunne suna a 1944, shi da Robert Galambos suka tabbatar da shi a kan jemagu. Na kwaikwaye su, na haɗa wani fito na milisakan 5 mai zamewa daga kaɗawa 9,000 zuwa 3,000, ina fitar da shi ta ƙaramar lasifika da na sa wa mazurarin kwali a baki don ya nufi gefe ɗaya. Da yake na san ainihin siffar abin da na tura, sai kwamfuta ta riƙa zamar da shi a kan abin da makirfo ya ɗauko tana neman inda suka dace. Inda suka dace sai layin ya yi tsauni, tsauni na farko fitar sautin ne, na biyu bango. Ta ce min mita 2.9, na ɗauko tef na auna, 2.94. Na yi ihu ni kaɗai.

Lissafin a kwamfuta nake yi da harshen manhaja na Python, allon ESP32 aikinsa kunna fitila kawai, ba na son ƙarin wahala yanzu. A labari kuma wannan na nufin 'yan kira ba ihu suke yi ba, fito suke yi mai gangarowa, kuma yaro sai ya shekara yana koyon fiton kafin a ba shi allo.

8 ga Maris

Alamar ta samu siffa. Na manna zaren a jikin sanda, kowace ƙwaya tana wakiltar nisan santimita 10, gaba ɗaya kusan mita 6. Ina tsayawa wuri ɗaya in yi fito ta fuska takwas, kowace fuska fitilu su kama daga gindin sanda zuwa nisan da aka samu, waya kuma tana kafe tana ɗaukar hoto mai buɗe ido daƙiƙa 30 a cikin duhu, ina juya sandar da hannu. Abin da ke fitowa ƙafafu takwas ne masu tsawo daban-daban daga cibiya ɗaya. Na fara ce masa tauraro sai na tuna mutanen nan ba su san tauraro ba, ya koma gizo. Taswira kenan jerin gizo-gizo, kowanne tsayuwa ɗaya.

Launi: ina kwatanta rabin fiton na sama da na ƙasa a cikin amsar. Abu mai tauri da santsi yana dawo da duka, ƙafar ta fito fara. Abu mai laushi yana shanye na saman ya bar na ƙasan, ta fito ja. Launi uku kawai na bari, fari, ruwan goro, ja, saboda a hoto da duhu ba mai iya bambanta bakwai, ni ma na gwada na kasa.

11 ga Maris

Gwajin da na daɗe ina jira, kuma ya kunyata ni. Na zana gizo biyar na hanyar daga ɗakina zuwa ƙarshen baranda, na jera hotunan a takarda ɗaya, na ba ƙanwata ba tare da na ce mata ga inda aka ɗauka ba, na dai koya mata ƙa'ida: doguwar ƙafa fili, gajeriya bango, ja laushi, inda ba ƙafa kwata-kwata sai baƙi, sauti ya tafi bai dawo ba wato hanya a buɗe take. Ta bi na ɗaya da na biyu da yatsa daidai, har ta gane kwanar. A na uku ta tsaya ta ce, "Yaya, nan ƙofa biyu ne, wacce zan bi?" Na ce ƙofa ɗaya ce. Ta ce to ga baƙi nan biyu. Na karɓa na duba, wallahi gaskiyarta. Ɗaya ƙofar gaske ce a buɗe, ɗayan katifa ce da aka jingine a bango da bargo a kanta, ta shanye fiton ƙurmus, abin da ya dawo bai kai inda manhajar ke ɗauka a matsayin amsa ba. Na'urata ba ta san bambancin "ba komai a nan" da "akwai abin da ya haɗiye muryarka" ba.

Ta yi dariya ta ce, "To Yaya mutanen naka duk a katifa za su ƙare." Ban ji daɗi ba a lokacin, na ce ta ba ni takardata.

12 ga Maris

Ban kunna komai ba. Haushi.

15 ga Maris

Na huce. Ina ta tunanin Marie Tharp, wadda ta zana ƙasan teku daga alkaluman amsa-kuwwa da jiragen ruwa ke kawowa, ita da Bruce Heezen, taswirar arewacin Atlantika a 1957, ta duniya gaba ɗaya a 1977. A farkon aikin ba a ma barinta ta hau jirgin, tana ofis ana kawo mata layukan zurfi, kuma layukan nan siraran hanyoyi ne da jirgi ya bi, tsakaninsu ba wanda ya auna. A cikinsu ta hango tsagin da ke tsakiyar tsaunukan ƙarƙashin Atlantika tun farkon shekarun 1950. Wuraren da ba a auna ba da saninta na yadda ƙasa ke tafiya ta cike su. To ashe ba na'urar ce taswira ba, mai riƙe da ita ma yana ciki, kuma ni ina ta ƙoƙarin cire shi.

Saboda haka baƙin nan ba zan goge shi ba, zai shiga Ƙarƙashi yadda yake. Akwai wuraren da wata busasshiyar gansakuka mai kauri ta lulluɓe, ba ta haske ba ta amsawa, a allo kamar ƙofa take. Tsofaffin taswirori cike suke da ƙofofin ƙarya, ayari ya yi kwana uku ya je ya tarar da bango. Na sa musu suna biyu, baƙin hanya da baƙin haɗiya, kuma darajar ɗan kira a kan iya raba su take. Wannan ya fi duk abin da na ƙirƙira da kaina a shekara biyu, kuma katifa ce ta ba ni.

Duk da haka ina son dabara. Abu mai laushi siririn sauti ya fi ci, mai kauri yakan ratsa shi ya bugi abin da ke baya ya dawo. In na ƙara kira na biyu mai kauri fa?

19 ga Maris

Na gwada da fito na biyu daga 600 zuwa 200, da tsohuwar lasifikar nan mai rairayi tunda ƙaramar ba ta iya kauri. A gaban katifa siririn ya ɓace, mai kaurin ya dawo, a raunane amma ya dawo. A gaban ƙofa an samu bambanci, sai dai ba tsaf ba, saboda sautin 200 tsawon zangonsa mita 1.7 ne, mazurarin kwalina ba ya iya tattara shi, yana bazuwa ko'ina ya dawo min da labarin bangon baya da na gefe. Na 8,000 kuwa zangonsa santimita 4 da ɗan kai ne shi ya sa yake tafiya inda aka nuna shi. Wato mai kauri yana cewa akwai abu amma bai san ina ba, siriri ya san ina amma ana iya haɗiye shi. Shikenan 'yan kira bibbiyu za su riƙa tafiya, mai babbar murya da mai fito, allo ɗaya, kuma in ɗaya ya mutu ɗayan ya bar sana'a. A alama na ƙara ɗigo a cibiyar gizo in mai kauri ya amsa.

Na sake ba ƙanwata. Ta kauce wa katifar. Sai ta faɗa wani sabon baƙin, ƙofar gilashi da aka bari a karkace, santsinta ya kifar da fiton gefe kamar yadda madubi ke yi wa haske, bai dawo wurina ba sam. Baƙi na uku kenan, ban da masa suna tukuna.

22 ga Maris

Ƙaramin gyara. Na sa wurin shigar da zafin iska a manhajar, tunda gudun sauti na ƙaruwa da kusan mita 0.6 a daƙiƙa kan kowane digiri, a sifili 331 ne. A ɗaki bambancin bai kai ƙwayar fitila ɗaya ba, amma a kogo mai sanyi da nisan mita ɗari zai taru, kuma ina so taswirar mutanen zurfi ta riƙa saɓa wa ta mutanen kusa da maɓuɓɓugar zafi, kowa na cewa ɗayan ne bai iya awo ba.

Abin da ya rage a kuɗin aikin zai isa ƙaramar mota mai juya sandar, don hannuna na karkata ƙafafun gizon, na kudu maso yamma kullum a lanƙwashe yake fitowa. Sati mai zuwa: in haɗa motar, in gwada tsayuwa biyu a gaban gilashin daga kusurwa daban-daban in ga ko ɗaya za ta kama shi, sannan in nemi wuri mai faɗi da dogon bango in ga iyakar inda fiton ke kaiwa kafin ya narke a cikin hayaniya. Ƙanwata ta ce a gwaji na gaba ita za ta ɓoye abubuwan ni in karanta, kuma ba za ta gaya min ko guda nawa ba ne.